Shanya a Bakin Farin Layi

Ba ciwon ƙafa ne ya zaunar da Inna Sabuwa a tsakar gida ba. Ƙafarta lafiya lau take, ta fi ta wasu 'yan matan ma. Ido ne ya ci amanarta. Yanar ido ce ta rufe shi a hankali, na dama tukuna, na hagu ya biyo baya, har duniya ta koma mata dishi-dishi. Tana bambance rana da inuwa, tana ganin giftawar mutum, amma fuska kam sai dai ta gane ka da murya. Ɗanta Tanko ya taɓa kai ta asibiti a Zariya, aka ce aiki za a yi. Tana jin an ambaci wuƙa a ido ta ce a mai da ita gida, ta gode.

Zaman gida kuwa ga mace irin Sabuwa azaba ce. Matar da ta ci kasuwar Makarfi da ta Kudan a ƙafa, da ƙwaryar daddawa a ka, ita ce yau ko barka za ta shiga maƙwabta sai an samu mai sukunin riƙe mata sanda. Mu kuma mutanen Gidan Tsamiya ba mu da rowar tuwo, amma in lokaci ne mun fi kowa maƙo. "Bari in dawo daga gona, Inna." "Bari in sauke tukunya, Inna." Da haka ake taron suna a watse tana nan zaune da mayafi a kafaɗa. Abin da ya fi ci mata rai shi ne autarta Zulai, da ke aure a Tashar Lado, nan gaba kaɗan ta wajen Kudan. Tafiyar da a da take yi kafin tuwo ya nuna, sai ga shi wata ya kama ya mutu ba ta taka can ba.

Sai aka zo aka yi mana kwalta. Masu aikin suka cinye tsohuwar turbar ƙafa da ke bin bakin gonaki, suka haƙa lambatu mai zurfi a gurbinta, suka shimfiɗa baƙar hanya sumul. Da suka gama, wata mota ta biyo baya tana tafiya a hankali kamar mai ciwon ƙugu, tana zuba farin fenti: layi ɗaya a tsakiya, ɗaya a kowane gefe, ta bar ɗan fili tsakanin layin gefe da lambatu. Ba wanda ya tara mu ya ce ga ma'anarsa. Wasu suka ce ado ne. Ɗan'azumi, maƙwabcin Tanko, wanda ba a taɓa yin tambaya ya ce bai sani ba, ya ce fenti ne ya yi saura aka rasa yadda za a yi da shi.

Wata rana da hantsi Mukarrama, matar Tanko, ta fito da surukarta bakin hanya ta sha iska, ta zaunar da ita a rumfar Istifanus mai faci. Istifanus tsohon direban tirela ne, mutumin kudancin Kaduna, wanda ya ajiye tuƙi ya zauna cikinmu tun 'ya'yansa suna ƙanana. Ana cikin gaisawa, an tambayi gida, an tambayi matarsa Veronica, an tambayi ciwon bayansa, sai tsohuwar ta miƙa sanda gabanta.

"Direba, wancan farin abin da ya miƙe, mene ne?"

"Kina ganinsa, Yaya Sabuwa?"

"Da ba na ganinsa zan tambaye ka? Ga shi nan fari tas a kan baƙi."

Rabonta da ta ga wani abu sosai, ta san inda ya faro da inda ya nufa, har ta manta.

Istifanus ya ajiye tayar da ke hannunsa. Dama ya daɗe yana jiran wanda zai tambaye shi. Ya ce, "Magana ce aka rubuta a ƙasa. Na tsakiyan nan, inda ya tsittsinke, ana gaya wa direba in gabansa fili ne ya iya wuce motar da yake bi. Inda ya miƙe bai yanke ba, kamar can kwanar rafi, ana ce masa kul, bi bayan ɗan'uwanka ko da amalanke ce. Manyan zanen da aka jera a ƙofar firamare kuma, mota ce za ta tsaya mai ƙafa ya..."

"Ina ruwana da na firamare? Karatu zan koma? Wannan na kusa da ƙafata nake tambaya."

"Wannan iyaka ce. Daga shi zuwa ciki na mota ne. Daga shi zuwa lambatu na mai tafiya a ƙasa ne, sai motar da ta lalace ta tsaya, ko direban da wani abu ya taso masa ya rasa inda zai kauce. Shi ya sa ake so a bar wurin fili. Ba a fakin a kai don a sha shayi, ba a kasa kaya."

"Su direbobin sun san da haka?"

"Wasu sun sani. Wasu kuma Allah ne kawai ke tuƙa su."

"Har ina ya kai?"

"Har Kudan. Ta ƙofar gidan su Zulai ma ya wuce, kuma gefenku ɗaya, ba sai an tsallaka ba." Sai ya ga yadda ta damƙe sandar, ya gane inda ta dosa. Ya rage murya. "Yaya, in za ki bi shi, ki bar shi a damanki, lambatu a hagu. In za ki dawo ki juya. Amma kome za a yi, kada ki haura shi."

Washegari, da rana ta ɗaga yadda layin zai fito mata, ta yafa mayafi ta fita ba ta nemi kowa ba. Tanko ya yi magana, ta ce ya je gonarsa. Bai je ba. Ya biyo ta daga nesa yana tura mashin ɗinsa a kashe don kada ta ji, har ta shiga zauren gidan mijin Zulai. Da ta dawo ta ce masa, "Gobe in za ka bi ni, ka sha maganin tari tukuna." Ya yi dariya har da hawaye, daga ranar ya ƙyale ta.

Daminar nan kaf a kan hanyar ta yi ta. Masu zuwa gona suka saba da ita: tsohuwa 'yar siririya, kai a sunkuye, sanda na ƙwanƙwasa kwalta, tana bin farin layi ba ta karkata. In ta zo rumfar Istifanus sai ta tsaya ta tsokane shi, ta ce wai har yanzu bai gama facin tayar bara ba. Ta yi ƙiba, bakinta ya dawo, har jikoki suka fara guje mata saboda aike. Ana dab da kaka Zulai ta haihu, haihuwa mai wuya, ta zubar da jini da yawa, ga shi uwar mijinta ta daɗe da rasuwa. Sabuwa ce ke zuwa kullum ta tsaya a kan ruwan wankan jego, ta sa hannu ta ji zafinsa, ta tsare Zulai sai ta shanye kunun kanwa. Wanda ya yi shekara da shekaru ana yi masa hidima, ranar da aka wayi gari shi ake jira, shi kaɗai ya san daɗin da ke ciki. Sabuwa ta ji daɗin nan, ba ta kuma ɓoye ba.

Sai ruwan sama ya ƙi ɗaukewa. Masara ta nuna a gona, ana jiran rana, hadari na ta haɗuwa kowace yamma. Mutane suka gaji da jira suka karyo ta da danshinta, aka ɓare, aka zuba a buhuna, buhuna suka fara ɗumi. Tsakar gidaje duk caɓi, fakon bayan gari da ake shanya a da ya zama kududdufi. Duk wanda ya san noma ya san masarar da ta yi ɗumi a buhu ba ta daɗewa take yin fumfuna, daga nan kuma ko kaji sai sun yi shawara kafin su ci.

Ban san wanda ya fara ba. Amma ka nuna wa mutumin garinmu fili mai tsabta da rana ke duka, kafin ka juya ya shanya wani abu a kai. Aka wayi gari gefen kwalta ya zama ja da rawaya, daga bakin gari har kwanar rafi. Aka raba shi kamar gonar gado, wannan gida daga nan zuwa can, har mai unguwa ya fito raba gardama. A lokacin ne muka gano wa farin layi ma'ana: ashe iyakar shanya ce gwamnati ta zana mana, Allah ya saka mata. Kowa ya baza masararsa daga bakin lambatu har ta taɓa fenti, ya jera manyan duwatsu a kan layin don kada mota ta taka. Da yamma ba a kwashewa, sai a lulluɓe da tamfol a danne.

Istifanus ya fito ya yi ta faɗa, yana cewa wurin nan ba na shanya ba ne, wata rana za a yi kuka. Ɗan'azumi ya bar shi ya gama, sannan ya nuna can gefen rumfar faci ya ce, "Baba Direba, wancan barkonon na waye?" Na Veronica ne. Aka kwashe da dariya, Istifanus ya koma cikin tayoyinsa.

Ranar farko da Sabuwa ta fito bayan an fara shanya, ba ta yi nisa ba sandarta ta nutse cikin wani abu mai ƙaras-ƙaras. Ta sunkuya ta dumbuza, ta ji masara ce. Ta laluba hagu, masara har bakin lambatu, lambatun kuma cike da ruwa. Ta laluba dama, dutse ne zaune a kan layinta. Samarin yanzu da ƙafa suke juya shanya, ba su ɗauke shi a bakin kome ba. Ita kuwa tun tana yarinya ba ta taɓa ɗora ƙafa a kan hatsi ba, a wurinta wanda ya taka abinci ya nemi yunwa da kansa. Ko da ma ta so, busasshiyar masara a kan kwalta santsi gare ta, mai ido ma sai ta kayar da shi. Ta daɗe a tsaye, sannan ta juya gida.

Tanko ya ce zai kai ta a mashin in ya dawo daga gona. Bai dawo ba sai magariba. Kashegari ma haka, sauran masarar da ke gona ta riƙe shi. Aka aiko daga Tashar Lado cewa Zulai na zazzaɓi, ta ƙi cin kome, tana tambayar ko Inna lafiya. Da yammar ranar Tanko ya shigo jiƙe da gumi, ya durƙusa ya gaishe ta. Ba ta bari ya kai ƙarshen gaisuwar ba.

"Tanko, ka rufe mini hanya."

"Inna, ai ba ni kaɗai ba ne. Duk gari ne."

"Ban haifi gari ba. Kai na haifa."

Ya tashi ya shiga ɗaki, ya ɗebo masara daga buhun da bai samu wurin shanya ba tukuna, ya kai mata hanci. "Shinshina, Inna. Wannan ita ce abincinmu har wata kakar. In ta lalace, me zan ba yaran nan? Me zan ba ki?"

Ta shinshina. Warin ya fara, ba ta musa ba, matar manomi ce ita ma. Ta ce, "Ban ce ka kwashe ba. Faɗin da ƙafa za ta wuce kawai nake roƙo, ta jikin layi."

"In na bari, Ɗan'azumi zai bari? Na gabansa zai bari?"

"Ka fara, su ji kunya."

"Wa ya ga kunya a kaka? Ki yi haƙuri ruwa ya ɗauke. Gobe in Allah ya yarda zan kai ki a mashin."

"Jiya ma goben ce. Ni ba buhun taki ba ce da za a jingine ni sai an samu hanya. Ƙanwarka na can kwance, kai kana nan kana shinshina mini masara."

Gajiya ce, da tsoron yunwa, da kwanakin da ya yi yana kallon sama. Tanko ba mai ɗaga wa uwarsa murya ba ne, namiji ɗaya tilo bayan mata, ita ta lallaɓa shi ya girma. Amma ranar bakinsa ya riga hankalinsa. Ya ce, "Haba Inna! Ki zauna a gida mana kamar kowace tsohuwa. Mutum ba ya gani, amma ya fi masu ido yawo!"

Mukarrama da ke kwashe tuwo ta saki mara a tukunya. Sabuwa ta laluba sandarta, ta miƙe, ta shige ɗaki ta saki labule. Maganar ta soke ta, don gaskiya ce ba ta gani, kuma ba ta taɓa zaton daga bakinsa za ta ji gorin ba. Aka kai mata tuwo ya dawo yadda aka kai shi. Na Tanko ma haka ya kwana a rufe.

Da safe ya zo ƙofar ɗakinta ya yi sallama, ya gaishe ta. Tana jinsa ta yi shiru. Ya ɗan jima a durƙushe, sannan ta ji tashinsa da fitarsa. Da rana ta ɗaga ta fito da mayafinta. Mukarrama ta sha gabanta.

"Inna, don Allah ki jira shi. Ya tafi wajen shanya ne, yanzu zai dawo."

"Matsa, 'yar nan. Na gaji da jiran masu ido."

A bakin hanya ta tsaya inda shanya ta fara. Ba ta manta da gargaɗin Istifanus ba. Amma ta yi lissafinta irin na wanda ya matsu: layin nan dai fari ne ta kowane ɓangare, in ta bi ta cikinsa, tana goga ƙafa da duwatsun, ai ba ta shiga tsakiyar titi ba. Kunnenta kuma garau yake. Ta yi bisimilla ta ɗaga ƙafa ta haura.

Istifanus na ƙarƙashin wata motar ɗaukar kaya yana kwance taya, bai ga wucewarta ba. Matan da ke korar awaki daga shanya suka gan ta, wata ta ce, "Inna, a yi a hankali," ta koma kan awakinta. Babura suka riƙa kauce mata suna hon. Tana tafe tana ƙwanƙwasa duwatsu da sanda ɗaya bayan ɗaya, tana ci gaba. Har ta fara jin ashe abin ba wuya. Ta wuce shanyar gidan mai unguwa, ta wuce ta masu bi masa, ta shiga ta Ɗan'azumi, wadda ita ce ta kusa da kwanar rafi. Daga ita sai ta Tanko.

A nan ta ji rurin babbar mota daga bayanta, wata roka ce ɗauke da rake daga Makarfi, tana tafe a ɗaya hannun. Ƙarar ta cika mata kunne, shi ya sa ba ta ji ƙaramar motar fasinja da ta ɓullo daga kwanar ba, ta gabanta, a guje. Direban ya fito kwana ya ga tsohuwa a kan hannunsa. Hagunsa roka ce. Ya taka burki, ya murɗa sitiyari dama, ya haura farin layi.

Abin da Sabuwa ta ji shi ne kukan taya, da wani sauti mai nauyi, da masara tana zubo mata a ka da kafaɗu kamar ruwan ƙanƙara. Sannan ƙarfe ya daki bakin lambatu. Sai mata suka fasa ihu.

Ba abin da ya taɓa ta. Tana nan tsaye da sandarta, tana juya kai. Ƙafafu suka riƙa wuce ta a guje. Ta ji ana salati, ta ji fasinjoji na fitowa suna kuka, ta ji wani yana cewa a kawo ruwa, wani ya ce ruwan me. Can ta ji wata baƙuwar murya ta saurayi, daga ƙasa take fitowa kamar mai ita a zaune yake dirshan, tana ta maimaitawa: "Tsohuwa na kauce wa. Wallahi tsohuwa na kauce wa. Nan ne kaɗai na ga babu duwatsu. Ban gan shi ba, a sunkuye yake."

"Wa aka buge?" in ji Sabuwa.

Ba wanda ya amsa. Mu da ba a raba mu da surutu, ranar kowa ya haɗiye harshensa.

"Ba magana nake yi ba? Wa aka buge?"

Wani hannu mai kaushi da warin roba ya kama nata. Istifanus ne, yana haki. Ya ce, "Yaya Sabuwa, zo mu koma gida. Zo in kai ki."

Tunda take da shi bai taɓa yi mata magana da irin wannan murya ba. Ta fizge hannunta ta yi gaba. Sandarta ta daki dutse, ta daki na gaba, sai ta nemi na gabansa ta rasa. Ta laluba. Farin layin ne kwance fes, ba kome a kansa. Ta mai da ƙafarta bayan layi, tana jiran ta ji masara a ƙarƙashin takalmi. Ba ta ji ba. Ta tuɓe takalmin ta taka da tafin ƙafa. Kwalta ce zalla, an share ta tas, ko ƙwaya ɗaya babu, faɗin da mutum ɗaya zai wuce a sake. Masarar an ture ta can wajen lambatu, ta yi tudu.

Ta tsaya cak. Ta san shanyar waye ke bin ta Ɗan'azumi.

"Direba."

"Na'am, Yaya."

"Shi ya share nan?"

Istifanus ya matso kusa da ita. Ya ce, "Shi ne. Tun da safe ya zo ya ari tsintsiya wurin Veronica. Ya kwashe duwatsun ya ce kada ki yi tuntuɓe. Ya ce in ya gama nasa zai bi sauran gida-gida."

Ta bi sharar a hankali, ƙafa ba takalmi, mutane na darewa suna ba ta hanya. Ba ta yi nisa ba sharar ta ƙare, sandar ta taɓa abu mai taushi. Ta durƙusa. An riga an rufa masa zane, ta yaye. Ta shafa goshin, ta shafa gemun, ta shafa kunnen. Ta ɗora tafin hannunta a ƙirjinsa ta daɗe tana saurare. Daga can cikin gari aka jiyo kururuwar Mukarrama tana tahowa.

Sabuwa ba ta yi ihu ba. Ta zauna a kan kwalta ta jawo kansa ta ɗora a cinyarta, tana tsince masarar da ta maƙale masa a gashi, har maza suka zo suka roƙe ta ta sake shi.

Bayan azahar aka kai shi. Ana dawowa daga maƙabarta hadari ya haɗu, maƙwabta suka ruga suka tattara masararsa, suka ware wadda jini ya taɓa suka binne, sauran suka kai wa Mukarrama. Zulai ba a gaya mata ba sai da zazzaɓin ya sauka.

Kwanakin zaman makoki ba wanda ya yi shela, mai unguwa bai tara kowa ba. Amma Ɗan'azumi ya fita da sassafe ya kwashe duwatsunsa ya janye shanyarsa daga jikin layi. Na kusa da shi ya gani ya yi haka, Veronica ta kwashe barkononta gaba ɗaya. Kafin a share makoki hanya ta buɗe tun daga bakin gari har Tashar Lado. Kunyar da aka ce babu ita a kaka ta zo, sai dai ta makara. Masarar da ta rasa wuri kuma aka mai da ita buhu, tana ta ɗumi a zaurukan mutane.

Istifanus ne ya ɗauki nauyin kai mata labari. Ya same ta a ƙofar ɗakinta, a kan tabarma, ta jingina da bango. Ya durƙusa ya yi mata gaisuwa, ya ƙara yi mata ta'aziyya, ta amsa a hankali. Ya yi ta juya hularsa a hannu.

"Yaya, mutane sun janye shanya. Hanya a buɗe take har ƙofar gidan su Zulai. An share, ba dutse ko ɗaya. Duk ranar da kika ji ƙarfi..."

"Na ji, Direba. Allah ya saka musu."

Ya zaci ta gama. Yana shirin miƙewa ta ce, "Ka gaya musu su mai da shanyarsu. Kada masarar mutane ta lalace a banza."